Wanzamin da Ke Aske Aikin Zayyanu

Ran Zayyanu ya gama ɓaci. Mutum-mutumin wani dattijo yake yi da roba a rumfarsa ta bayan garin Kaoje, ga mai saye daga Kwatano ya matsa masa lamba. Sai ya kwashe kwanaki yana dasa masa gashi sili-sili da allura, amma duk safiyar Juma'a sai ya tarar an aske kan ƙwal.

Ranar Alhamis da almuru ya laɓe da gora yana huci. Can ya ji ƙanshin sabulun salo da karas-karas ɗin aska. Wani tsohon wanzami ne a tsugune, ya dafe ƙeyar dattijon robar yana ta aiki.

"Kai tsoho! Uban wa ya sa ka? Ka san wahalar da na sha a kan nan?"

Wanzamin ko waiwaye bai yi ba. "Rage murya, ɗana. Shi yak kira ni. Ya ce gashin da kake sa mai ƙaiƙayi gare shi."

Zayyanu ya fizgi hannun wanzamin a fusace. Askar ta goce, ta yanki bayan kunnen robar.

Jini ya tsattsafo. Dattijon ya ja tsaki.