Mai Jingina da Iska

Tun da mijinta ya rasu, Edna Milburn ba ta da abokin hira sai tumaki. Ranar nan da magariba wata tunkiya mai tsohon ciki ta ƙi dawowa. Edna ta bi sawunta cikin yayyafi har kangon sansanin sojojin Rumawa na zamanin da, wanda ke kan tudu, inda ganuwar ta zube, ko gwiwa ba ta kai ba. Ta tsallaka.

A ciki ta tarar da tunkiyar, gefenta wani mutum tsaye, ya lulluɓa da bargo yana rawar ɗari. Ƙamshin man zaitun ne ya fara dukan hancinta.

"Sannu, inna," in ji shi. "Ke aka turo ki canje ni a gadi?"

"Wane irin canji? Ni tunkiyata na biyo. Bawan Allah, ba ka da gida ne?"

"Akwai, can inda rana take da zafi." Ya dube ta. "Ɗan tsaya mana. Na daɗe ban ji muryar mutum ba."

Wannan ciwon na kaɗaici ta san shi, shi ya sa ba ta juya ba. Sai da ta matso ta lura a jingine yake, kafaɗarsa ta kwanta sosai, alhali ba komai a bayansa sai iska.

Ta ja da baya za ta tsallake ta inda ta shigo. Bayanta ya daki dutse mai sanyi: ganuwar nan da ta zube ce tsaye, tsawonta ya wuce kanta.

"Duhu ya yi, inna," ya ce a hankali. "An rufe ƙofa."