Muryar Kunnen Hagu

"Sa wannan a kunnenki."

Radostina ta ɗago daga kan na'urar tace shirye-shirye. Yayanta Zdravko ne tsaye a bakin ƙofa, sanye da kayan gadin masana'antar fenti. Bai taɓa tako gidan talabijin ɗin nan na Plovdiv ba sai yau.

"Yaya, lafiya? Ko Mama ce?"

"Mama ƙalau take. Sa, na ce!"

Ta karɓi abin sauraren da ke jone da wayarsa, ta sa a kunnuwanta biyu. Shirinsu na jiya ne, wanda wani ma'aikacin masana'antar ya tona yadda ake zuba guba a kogi. Ita da kanta ta duhunta fuskarsa, ta kaurara muryarsa har ta koma kamar ta dodo.

"Cire na dama," ya ce.

Ta cire.

Can ƙasa-ƙasa, a kunnen hagu, sai ga muryar Tihomir tsaf, yadda Allah ya yi ta...

Tihomir ɗinta, wanda 'yan gidansu suka rantse ba za ta aura ba.

Da makirufo biyu aka ɗauki hirar. Ta sauya na jikin rigarsa, ta manta da na kan kyamara!

"Ke ce gwanar sauti, ko?" Ya yi wata 'yar dariya. "A talabijin ba a ji. Ni ma don ina kallo a waya ne."

"Wa ka faɗa wa?"

"Ba kowa... tukuna. Amma mai masana'antar ya sa a nemo mutumin. Kin tuna direban da ya yi surutu bara? Har yau da sanda yake tafiya."

"Yaya, don Allah... tare fa kuka yi makaranta."

"Shi ya sa na fara zuwa nan. Ki goge kafin su sake sakawa da yamma, ni kuma ban ji komai ba. Amma ki kira shi yanzu, a gabana, ki sallame shi. Ba zan zuba ido a haɗa da ƙanwata ba ranar da suka gano shi."

Ta goge sautin hagun daga shirin. Bai ɗauke ta ko minti ba.

Kiran ne ya yi mata nauyi.

Bugu ɗaya ya ɗauka.

"Radi, zuciyata! Na sayo miki gurasar banitsa mai zafi, ina hanya..."

"Kada ka zo."

"Me ya faru?"

"Na fasa, Tihomir. Kada ka ƙara nemana. Kuma... ka je wajen innarka a Burgas, ka daɗe."

Tana jin numfashinsa, tana jin ƙarar motoci a bayansa.

"Wa ke kusa da ke, Radi?"

Ta kalli yayanta. Ya miƙo tafin hannu, idonsa a kan zoben alkawarin da Tihomir ya sa mata a yatsa.

"Ba kowa," ta ce, tana zare shi.