Wake Mai Kwalli

A bayan tsohon ɗakin karatu na unguwa akwai wani ɗaki mai sanyi. Kantoci ne a ciki daga ƙasa har sama. Kowace kanta cike take da kwalabe, kowace kwalba da irin shuka a cikinta.

Nan ne ɗakin Ƙungiyar Masu Riƙon Iri. Kai, mutanen nan sun isa a yaba musu! Shekara ɗari biyu ke nan aikinsu ɗaya ne, kada wani tsiro ya ɓace daga duniya. Iri kuwa idan ya daɗe a kwalba mutuwa yake yi. Saboda haka duk bayan 'yan shekaru sai su shuka shi, su girbe sabo, su mayar. Wanda ya tsufa ya miƙa wa na baya.

Auta 'yar aji biyar ce. Kakarta tana cikin ƙungiyar, kuma ita ke riƙe da wani farin wake mai baƙin layi a gefe. Wake mai kwalli suke ce masa.

Ran nan Kaka ta kai Auta wurin shugaban ƙungiyar, wani dattijo da ake kira Baba Mai Kwalabe.

"Gwiwata ta ƙi durƙuso," in ji Kaka. "Bana jikata za ta shuka mini."

Baba ya zazzage waken a tafin Auta, ya miƙa mata kwalbar da yake ciki.

"Ƙwaya goma ce, jikata. Iyakar saninmu, su kaɗai suka rage. Biyar ƙasa, biyar kwalba. Kin ji ko?"

"Na ji, Baba."

Ta ji ɗin, amma Auta akwai son a sani. A hanyar gida ta yi ta lissafi a ranta. Idan biyar za su ba da kwano guda, ai goma kwano biyu za su bayar. Ranar girbi kowa zai tafa mata.

Ta samu tsohon baho a tsakar gida, ta cika shi da ƙasa. Ta shuka goman nan kaf, ta jingina bahon da bango. Kwalbar kuwa ta cusa ta a ƙasan jakar makarantarta.

Kaka ba ta iya sunkuyawa ta duba. Kullum daga kan kujera take tambaya.

"Sun fito?"

"Sun fito, Kaka, gwanin sha'awa!"

Bayan mako biyu, Auta tana aji aka kece da ruwa kamar da bakin ƙwarya. Tana dawowa ta ruga wurin baho. Wayyo! Ashe daidai ƙarƙashin indararo ta ajiye shi. Ruwan rufin gidan duk a ciki ya zuba. Tsiro tara sun karye, sun kwanta cikin laka. Ɗaya ne ya rage, shi ma ya karkace.

Ta shiga ɗaki tana kuka, ta ce ruwa ya ɓata shukar.

"Share hawayenki," in ji Kaka. "Don irin wannan rana ake ajiye rabi. Ɗauko kwalbar."

Auta ta jawo jakar makarantarta. Da ƙyar ta fito da kwalbar, ba ko ƙwaya ɗaya a ciki.

"Kaka, duka na shuka."

"Innalillahi! Ke Auta! Duka goman?"

Kaka ba ta dake ta ba. Ta dai ce, "Gobe da bakinki za ki gaya wa Baba." Auta ta ji gara ma a ce dukan aka yi mata.

Washegari ta tsaya gaban Baba, kanta a ƙasa, ta faɗi komai. Baba ya saurare ta har ƙarshe. Sannan ya jawo wani tsohon littafi mai bangon fata ya buɗe.

"Dubi nan. Rubutun mutum tara ne. Wannan ta ɗinke waken a bakin zanenta, ta tsallake kogi da shi. Wannan ya kwana da yunwa a shekarar fari, waken yana ɗakinsa, bai dafa ba. Duk sun riƙe shi don ya iso hannunki."

Kunya ta rufe Auta.

"Baba, shi ke nan na kashe shi?"

"Kin ce saura ɗaya. To, ba a yi wa mai rai makoki. Je ki kula da shi."

Aiki ya samu Auta. Wani kafinta ɗan ƙungiyar ya zo ya janye bahon daga bango, ya yi masa 'yar rumfa. Ya nuna mata yadda za ta kafa sanda ta ɗaure tsiron da tsumma. Kafin ta tafi makaranta sai ta duba bayan kowane ganye ta cire tsutsa. Ƙawayenta su kira ta wasa, ta ce, "Ku je, ina da mara lafiya."

Sannu a hankali tsiron ya miƙe, ya kama sanda. Ya yi fure. Furen farko ya faɗi, gaban Auta ma ya faɗi. Na biyu ya tsaya, ya zama kwanso, wasu suka biyo baya. Ta bari suka bushe sarai kafin ta tsinka.

Ranar da ta kai waken, 'yan ƙungiya suka kewaye tebur. Baba ya ɓare da kansa.

"Talatin da huɗu! Madalla da jikata!"

Sai ya miƙa mata alƙalami da tsohon littafin.

"Rubuta yadda aka yi."

"Har da kuskuren, Baba?"

"Shi ma za ki fara rubutawa. Da shi na baya zai koya." Ya buɗa shafin baya yana murmushi. "Karanta nan. Wata yarinya ta taɓa zuba waken a jiƙaƙƙiyar kwalba, rabi ya yi fumfuna."

Auta ta duba rubutun, ta gane hannun, ta zaro ido.

"Kaka! Ke ce?"

"Tsohon nan da tonon asiri kake!" in ji Kaka. Ɗaki ya ɗauki dariya.

Auta ta zauna ta rubuta labarinta tsaf, ba ta ɓoye komai ba. A ƙarshen shafin ta ƙara da manyan baƙaƙe: "Amana ba abin neman suna ba ce. Ka bi dokar da aka ba ka, domin akwai masu zuwa bayanka da ke jiran rabonsu."