Dodon da Ya Kira Auta

Ƙawata, matso kusa ki ji. Ajiye wayar nan tukuna.

Akwai wata yarinya da ake kira Auta. Babanta yana sa murya a fim ɗin zane na yara. Shi ne muryar dodo. A cikin kabad ɗin kaya yake ɗaukar murya, tsakanin riguna, don kada ɗaki ya yi amsa-kuwwa.

Wata rana Auta ta leƙa kabad ɗin yana tsakiyar aiki. Ya katse dariyar dodo, ya ce, "Auta, ina ganinki. Rufe ƙofar nan." Na'ura ta ɗauki maganar, ta hau kan fim ɗin. Baba ya ce zai goge daga baya.

Fim ɗin bai fito ba tukuna. Ko launi ba a gama sa masa ba. Amma Baba ya buɗe wa Auta shi a kwamfutarsa.

"Amanar kamfani ce," in ji Baba. "Ki kalla a nan, amma kada ya fita daga gidan nan."

Auta ta ce to. Amma da ya fita, sai ta tura wa ƙawarta ta aji.

"Ke kaɗai," ta ce mata. "Kada ki nuna wa kowa."

Ƙawar ta nuna wa yayanta. Shi kuma ya ɗora a shafin da ake sauke fina-finan sata kyauta.

Bayan 'yan kwanaki, Auta tana dawowa daga makaranta da rana tsaka. Layinsu shiru. Tana wuce shagon aski, sai ta ji dariyar dodo. Dariyar ta tsaya cak.

"Auta, ina ganinki."

Ta waiga. Ba kowa, sai wanzami yana kallon waya.

Ta ƙara sauri. A tashar mota, muryar ta fito daga aljihun wani. Ta fito daga wata taga a bene. Ta fito daga hannun wani ƙaramin yaro a bakin ƙofa.

"Ina ganinki. Ina ganinki."

Ta kwasa da gudu har gida.

A gida kuma ba dariya ko kaɗan. Kabad a buɗe, babu na'ura a ciki. Baba yana zaune, ruwan zumarsa ya huce a kofi. Mama tana kan darduma.

"Mama, ina na'urar Baba?"

"Kamfani sun karɓe. Sun ji muryarsa a fim ɗin sata. Suna zaton shi ya sayar."

"Za su kore shi?"

"Gobe za su yanke. Mu dai muna roƙon Allah."

Auta ta kalli kabad ɗin. Rigunan suna rataye kamar mutane masu jiran ta yi magana. Ta fashe da kuka.

"Baba, ni ce. Mutum ɗaya kawai na tura wa."

Baba ya miƙe, ya ce, "Sa takalminki."

A kamfani, shugabar ta dube ta ta saman tabarau.

"Au, ke ce Autar da duk gari ya sani?"

Ta zagaya da ita ɗakin masu zane. Wani dattijo ya duƙufa yana shafa wa haƙoran dodo launi.

"Kin ga wannan? Idan kowa ya kalla kyauta, da me zai ciyar da iyalinsa?"

Auta ta durƙusa ta ba su haƙuri ɗaya bayan ɗaya. Washegari ta tsaya gaban aji ta faɗi abin da ta yi. Yayan ƙawarta ya cire fim ɗin. Shi ma bai tsira ba, don shafin ya sa wa wayarsa cuta, hotunansa duka sun tafi.

Allah Ya taimaka, aka mayar wa Baba na'urarsa.

Ranar da fim ya fito, suka sayi tikiti suka shiga sinima. Dodo ya buɗe baki. Auta ta damƙe hannun Mama. Ya yi dariyarsa har ƙarshe, bai kira kowa ba.

Baba ya raɗa mata, "Ina ganinki." A wannan karon dariya ta yi.

Fim ɗin sata, sata ne, ko ba a fasa ƙofa ba. Abin da aka ba ki amana kuma, ko mutum ɗaya kada ki tura wa.

To, ƙawata, kin ji. Auta tana jin kunyar zancen har yanzu. Don Allah, ya tsaya tsakaninmu. Ko ƙawarki kada ki faɗa wa.