Ƙullin da Ba Ya Kwancewa

"Kwance shi!"

Mairamu ta dubi abin da ke kan faifai, ta dubi Hajja Asabe, ta sake duban faifan.

"Na ce ki kwance shi, yarinya. Yanzu, a gabana!"

Ambulan ce fara, an ɗaure ta da siraran igiyoyi ja da fari. A tsakiya akwai ƙulli, bakin igiyoyin sun miƙe sama kamar ƙahon ɗan akuya. Ƙasa da ƙullin kuma wani baƙin rubutu ne da babu mai iya karanta shi a duk unguwar Hausare ta garin Garwa. Da cokali biyu aka ɗauko ta aka ɗora a faifan. Mata biyar ne a ɗakin, kowace ta tattare zanenta kamar ambulan ɗin tana cizo.

"Hajja... ba ya kwancewa."

Salati ya tashi.

Cikin duk amsoshin da ke duniya, Mairamu ta zaɓi mafi muni. Ga shi kuma ita ce gaskiya.

"Kin ji ko, Goggo?" in ji Fati, 'yar ƙanin Hajja, wadda aka daɗe ana yi wa tanadin Shu'aibu, ɗan Hajja, ba tare da an tambayi Shu'aibun ba. "A ƙarƙashin matashin kansa na same shi. Na kai wa wani ɗan Sin a kasuwa, ya ce an rubuta, ka manta da uwarka!"

Abin da ya kai hannun Fati ƙarƙashin matashin namiji, babu wadda ta tambaya.

"Wallahi sunansa ne kawai, Hajja! Shu'aibu... da rubutun mutanen can."

"Sunansa!" Hajja ta dafe ƙirji. "An rubuta sunan ɗana, an ƙulle, an turo daga bayan teku, ƙullin kuma ba ya kwancewa. Me ya rage, yarinya? Baƙin zakara?"

"Hajja..."

"Ran Juma'a baffanninsa za su kai goro gidanku. To ba za su je ba. Sai kin faɗa mini ko mene ne wannan abin, da abin da kike nufi da shi."

Mairamu ta san ko mene ne. Ta san abin da take nufi. Ta buɗe baki, ta dubi fuskar matar da take fatan ta zama surukarta.

Ta tashi ta nemi takalminta.

*

A shekarar 1998 ne lopital, wato asibitin da Mairamu ke aikin ungozoma, ya tura ta sitaj, wato horon aiki, na wata uku a Japan, ita da abokiyar aikinta Georgette. Ita da ba ta taɓa wuce Ngaundere ba.

Komai na ƙasar tambaya ne a wurinta. Me ya sa suke sunkuya wa wayar tarho? Me ya sa ake naɗe alewa ɗaya tak a takarda uku? Wata Lahadi ruwa ya kora su cikin wani ɗan shago, suka tarar da tsohuwa zaune a ƙasa tana murza takarda.

Takarda ce ta ɓawon itace, mai laushi kamar tsohon zane. Tsohuwar ta nuna musu yadda ake naɗa ta ta zama tsuntsu. Na Georgette ya fito tsuntsu. Na Mairamu ya fito kaza da babur ya taka. Tsohuwar ta yi dariya har da hawaye, sannan ta jawo wasu igiyoyi masu ƙyalli.

"Wai su ma takarda ce," in ji Georgette, da ke fassarawa da Ingilishin da ta koya a Bamenda. "An murza ta, an shafa mata sitaci. Mizuhiki suke ce musu."

Mairamu ta koma shagon Lahadi shida. Ran ta huɗu tsohuwar ta koya mata wani ƙulli wanda in ka ja bakinsa sai ya ƙara tsukewa.

"Ta ce na aure ne. Ana ɗaura shi a kan kyautar biki, don auren ya zama sau ɗaya."

"Gaya mata mu ma a yarenmu ɗaura aure ake yi!"

Tsohuwar ta tafa hannu. Sau goma sha bakwai Mairamu ta yi ƙullin kafin ya fito daidai. Tsohuwar ta rubuta mata sunan Shu'aibu da buroshi. Mairamu ta zauna za ta rubuta wasiƙar bayani, ta yaga, ta sake, ta yaga. Shekara biyu Shu'aibu yana zuwa zance, yana ba ta labarin farashin atamfa da ƙwallon ƙafa, bai taɓa furta maganar aure ba. Amma ina 'yar mutunci za ta rubuta wa namiji cewa ya aure ta? Sai ta kai ambulan ɗin gidan waya babu komai a ciki.

Ta ɗauka zai gane.

Mata kan yi mana, mu maza, wannan kyakkyawan zaton, Allah ya saka musu.

*

Washegarin rikicin, da azahar, Mairamu ta fito daga lopital ta tarar da Shu'aibu a gindin dalbejiya, ya jingine babur, zufa ta jiƙe masa hula.

"Mairo... hasken idona."

"Sannu."

"Haba sheri, sannu kawai? Jiya ban ci abinci ba."

"Fati ba ta kawo ba?"

"Ki bar maganar Fati! Ga dabara na kawo. Mu sa almakashi mu yanke abin nan a gaban Dada, kowa ya huta."

Dada yake kiran mahaifiyarsa, Hajja Asabe. Mairamu ta tsaya cak.

"A yanke?"

"Igiya ce fa kawai."

"Shu'aibu, da saƙon ya iso, me ka ɗauka ne?"

Ya sosa ƙeya.

"To... da farko na ɗauka akwai kuɗin ƙasarsu a ciki, na haska a rana, babu. Sai na ce ko abin rataya mabuɗi ne."

"Abin rataya mabuɗi!"

"Amma yana da kyau, wallahi! Kullum sai na duba shi. Ina dubansa ne ma na ji kewarki ta ishe ni, na je na sami Baffa na ce a nema mini aurenki. Ke dai faɗa mini, mene ne?"

Dariya da kuka suka zo mata lokaci ɗaya. Saƙon ya yi aikinsa, wanda aka aika wa bai ma san saƙo ba ne.

"Ba zan faɗa ba."

"Ni ma?"

"Kai musamman. Amma ka sani, ran da ka sa masa almakashi, kada ka sake tsayawa a gindin bishiyar nan."

"Mairo! Mairamu!"

Ba ta waiwayo ba.

*

Baffa Sulaimanu, ƙanin marigayi mahaifin Shu'aibu, mutum ne mai furfura da yawan tambaya. Sau uku yana aure, sau uku matan suna tattara kwanukansu, don haka dangi suka yanke cewa shi ne masanin harkar. Shi ya lallashi Hajja ta sake kiran yarinyar ran Alhamis da hantsi.

"In asiri ne, ina so in ga yadda ake yi," ya ce. "Ban taɓa ganin wanda ya zo da tambarin gidan waya ba."

Mairamu ta shigo da ƙunshin igiyoyin da suka rage mata. Ta durƙusa ta gaida Hajja. Hajja ta amsa wa bango. Shu'aibu kuwa an kore shi tsakar gida, yana ta kai da kawowa a bakin taga.

Baffa ya gyara zama.

"Fati, 'yata, jiya na zaga kasuwa neman ɗan Sin ɗinki. Ɗaya ne tak, mai sayar da fulas. Na kwafa masa rubutun a tafin hannuna. Ya ce ba yarensu ba ne, kuma bai taɓa ganinki ba. Ko wani ne daban?"

"Ai... ya koma ƙasarsu."

"Tun shekaranjiya? Allah ya kai shi lafiya."

Fati ta tuna ta bar tukunya a wuta.

"Rubutu ya fita," in ji Hajja. "Saura ƙulli."

Mairamu ta zaro igiya biyar, ta jera su, ta lanƙwasa. Ta yi ƙulli mai kunnuwa biyu ta miƙa.

"Hajja, ki ja bakin."

Hajja ta yi bisimilla sau uku, ta kama da ɗan yatsa biyu, ta ja. Ƙullin ya warware sumul.

"Wannan na haihuwa ne. Suna ɗaura shi a kan kayan barka. Ana kwancewa a sake ɗaurawa, don ana so abin ya yi ta maimaituwa."

"Ikon Allah," in ji Baffa. "Har ƙulli ma da nasa aikin."

Mairamu ta sake zaro biyar. Wannan karon ta yi irin na kan faifan. Hajja ta karɓa da hannu sosai, ta ja. Ya tsuke. Ta ƙara ja. Ya ƙara tsukewa. Ta juya shi, ta leƙa bayansa, ta sa farce. Matar da ta shekara arba'in tana ƙulla daddawa da bakin zane, ga ƙulli ya gagare ta.

"Ta ina kika bi da jan nan?" ta tambaya, kafin ta tuna fushi take yi. Ta haɗe rai. "Wannan fa, na mene ne?"



A bakin taga, takun Shu'aibu ya tsaya.

Mairamu ta dubi tabarma. In ta yi shiru, ta tafi da kunyarta, a bar ta da sunan mai asiri, Juma'a ta wuce. In ta faɗa, duk Garwa za ta ji kafin la'asar.

"Na aure ne, Hajja."

"Na me?"

"Na aure... wanda ake so a ɗaura sau ɗaya, kada ya kwance har mutuwa."

Baffa ya cire hula ya dubi cikinta.

"Shekara ashirin da suka wuce ya kamata a tura ni sitaj ɗin nan."

Hajja ba ta yi dariya ba.

"Wato ke kika fara neman ɗana."

"Ni ce, Hajja." Hawaye suka zubo mata. "Shekara biyu yana ba ni labarin atamfa..."

Wata daga cikin matan ta toshe baki da mayafi. Hajja ta daɗe tana juya ƙullin a hannu.

"Ubansa shekara uku ya yi," ta ce a hankali. "Shi labarin goro yake ba ni. Sai da na aika masa da hula, na ce a tambaye shi ko kansa na da amfani." Ta goge ido da bakin zane, ta ɗaga murya. "Rashin kunya ne, babu shakka. Amma na san irinsa. Sulaimanu, goron nan kada ya kwana biyu a gidan nan."

"Gobe bayan masallaci, in Allah ya yarda."

"Ke kuma matso nan. Nuna mini ta inda jan ya bi."

*

Bayan wata biyu aka ɗaura auren. Da la'asar ɗin ranar da ta tare, Shu'aibu ya shigo yana ɓoye hannu a baya, ya zauna a bakin gado kamar baƙo.

"Amaryata, rufe ido."

Ya ɗora mata wani abu a tafin hannu. Igiyar ɗinkin buhu ce daga shagonsa, an rina rabinta da jan alli, an yi mata wani ƙulli mai kama da hatsarin mota.

"Sati uku ina koya a wurin Dada," ya ce yana haki. "Amsar saƙonki ce. Ja ki gani, ba ya kwancewa!"

Ta ja.

Ya warware sumul.

Shu'aibu ya dubi igiyar, ya dubi matarsa, ya zaro ido.

"Wallahi Mairo ba haka nake nufi ba! Dada ce ta nuna mini, ta ce shi ne..."

Mairamu ta kifa kai a kafaɗarsa, dariya ta hana ta numfashi.

"Wannan na haihuwa ne, angona."

Daga tsakar gida suka ji muryar Hajja Asabe, wadda ta zo kawo tuwo kuma ba ta ga dalilin yin sauri ba.

"Na san abin da na koya masa!"