Rai Ɗaya, Uwa Biyu

Bayan sallar isha'i Juwairiyya ta fito daga kemis a Unguwar Shanu, riƙe da maganin 'yarta Aziza, wadda zazzaɓi ya kwantar tun farkon damina. Yau ne yarinyar ta fara shan kunu, shi ya sa uwar take sauri da 'yar murnarta.

Tana shiga layinsu sai ƙarar janareta ta ɗauke ɗif. Wata mace cikin dogon hijabi ta jero da ita. Juwairiyya ta lura ƙarar takun matar tana riga ƙafarta sauka ƙasa.

"Don Allah, baiwar Allah, kada ki ba ta maganin nan," in ji matar.

"Wace ce ke?"

"Mu ma can a tamu duniyar muna da Unguwar Shanu, da layin nan, da Aziza. Rai ɗaya suke ja su biyu. Duk ranar da taki ta samu sauƙi, sai tawa ta kwanta. Yau ko ruwa ba ya wuce mata."

"To yaya kike so in yi?" in ji Juwairiyya. "'Yata ce fa."

"Ni ma tawa ce."

Sun iso ƙofar gida. Juwairiyya ta so ta ja addu'a, harshe ya ƙi. Ta so shiga, ƙafafu suka kafe. Tana ji tana gani matar ta tura ƙyauren, ta yi sallama da muryar Juwairiyya sak.

Daga cikin ɗaki Aziza ta amsa da murna, "Mama, kin dawo?"