Tubalin da Suhaibu Ya Kwaɓa

Duk ranar da na tuna Suhaibu abinci fita raina yake yi, amma gara ku ji.

Mahaƙin zinare ne a dajin Birnin Gwari. Ya ƙare ƙuruciyarsa cikin rami bai taɓa samun abin da ya wuce na garin kwaki ba. Abokansa sun hau babura, sun yi rufin kwano, shi ko takalmin roba sai ya ɗinke. Haushi na cin sa, sai wani tsohon maharbi ya tsegunta masa labarin wata hasumiya da ba a duniyarmu take ba. Sai an ratsa tsakanin wasu kukoki biyu da baya da baya, rana na tsaka, ba salati a baki.

Haka ya yi. Yana juyowa ya ga sama ta yi ja kamar garwashi, ciyawa fara fat, ba tsuntsu ba iska. Ga hasumiya ta jan tubali ta miƙe har ido ya gaji, ba ƙofa, ba taga, ba inuwa. Kowane tubali da shatin yatsun wanda ya yi shi. Jikinta na naso kamar sabon tulu, gindinta cike da ƙoren busasshen nono da gashin farar kaza. Wani tsamurarren tsoho na zaune yana shafa mata man shanu.

"Zinare kake so," in ji tsohon, bai ko ɗago ba.

"Shi ne, Baba. Amma ka sani, ba zan ba da jinin kowa ba."

"Wa ya tambaye ka jini? Tubali ɗaya take so. Ɗebo ƙasar gidanku, ka kwaɓa da hannunka, ka kawo. Duk mai rabo cikin ƙasar nan ya zama nata."

Suhaibu ya ce, "Ko wane gida ne?"

"In dai naku ne."

Wayyo, wayon banza! Suna da tsohon gida a wani ƙauye wajen Gayam, wanda suka bari tun da 'yan bindiga suka watsa garin. Can ya nufa, ya haƙi ƙasa a bayan rusasshen ɗakin mahaifiyarsa, inda ta fi laushi. Yana haƙa yana murmushi, wai ba mai kwana nan sai ƙadangaru.

Ya kwaɓa tubalin, ya kai wa hasumiyar. Kafin kaka, duk inda ya sa diga sai zinare. Ya gina gidan bene, ya sayi motoci, masu raina shi jiya suka koma ce masa Alhaji.

Sai ƙanensa Dabo ya fara lasar bango yana ihu a ɗage masa ginin da ke kansa. Aka ɗaure shi a turu. Ba a gama wannan ba ɗan Suhaibu, Muttaka, ya kwanta, fatarsa na tsattsagewa kamar busasshiyar laka, har rai ya yi halinsa. Saura Asama'u, 'yar autarsa, wadda ba ta yarda ta ci tuwo sai a kwanon babanta. Ita ma ta fara cewa ƙirjinta ya yi nauyi.

Mahaifiyarsa, Inna Ladi, ta ja shi ɗaki ta tsare shi da ido. Ya fashe da kuka, ya faɗa mata komai.

"Amma Inna, kango na ɗebo! Ba kowa a ciki!"

"Daga ina a kangon?"

"Bayan ɗakinki."

Tsohuwar ta dafe kai. Ita da ba ta taɓa kama sunansa ba, don ɗan fari ne, ranar sai da ta kama.

"Suhaibu, ka kashe mu. Nan nake binne mabiyiyar duk jaririn da aka haifa a gidan. Ta Dabo tana nan, ta Muttaka, ta Asama'u. Ku maza ina kuka san wannan? Taka ce kaɗai babu, don a gidan iyayena na haife ka."

Ko takalmi bai tsaya sawa ba, ya koma daji. Ya tarar hasumiyar ta ƙara tsawo, masu kwaɗayi irinsa sun jibga nasu a kan nasa.

"Baba, ka karɓe zinaren, ka karɓe raina, ka bar min yarinyar nan."

"Ba ka da rabo a ƙasar, me za ta yi da kai?" in ji tsohon. "Ga tubalinka can. In za ka iya, zare abinka."

Ya ɗare bangon ya kama tono da farce, har faratan suka fita, jini na bin gwiwar hannunsa. Tubali ya ɗan motsa. Sai ya ji muryar Asama'u daga cikin ginin, siririya, a gajiye.

"Baba, ka daina. Kana ƙara danne ni."

Ya saki. Ko da ya iso gida har an dawo daga maƙabarta, an binne Asama'u.

Yanzu gidan benen jemagu ke kwana ciki. Suhaibu na yawo bakin kasuwa da dungulmin yatsu, duk bangon da ya gani sai ya kara kunne, ya ce a yi shiru 'yarsa na magana. Yara ma ba sa jifansa, tausayi yake ba su.

Kai da zuciyarka ke raya maka gajeriyar hanya, ka ji tsoron Allah. Suhaibu ma ya rantse ba zai ba da kowa ba, kuma da hannunsa ya kai su.